Alan da Joan Root: Ma'auratan da suka mayar da kuka da gara taurarin fim

IDAN ana lissafin wahalhalun sana'ar fim, yawanci abin da ake kawowa shi ne jarumin da ya ƙi zuwa lokeshin da wuri, ko furodusan da kuɗinsa suka ƙare ana tsakiyar aiki, ko ruwan sama da ya wargaza shiri. To amma akwai wani reshe na sana'ar wanda 'yan wasansa ba su san wani abu wai shi darakta ba. Ba sa karɓar ko sisi, ba a ce masu "a sake", kuma ranar da ransu ya ɓaci suna iya yin kalaci da mai ɗaukar hoton. Wannan reshe shi ne fim ɗin namun daji.

A wannan wata filin zai leƙa ƙasar Kenya ne, domin duba rayuwar wani mutum da masana suka yarda cewa shi ya sauya wa irin wannan fim fasali, wato Alan Root, tare da matarsa ta farko kuma abokiyar aikinsa, Joan Root. Ba ma'aikatan wani gidan talbijin ba ne su. Da kansu suke tsara labari, su shiga daji su ɗauka, su kai a tace, sannan su miƙa wa masu nunawa. Labarin nasu akwai soyayya a ciki, akwai ganganci, akwai rabuwa, sannan ya ƙare da harbin bindiga a cikin dare.

Yaron da daji ya ɗauke wa hankali

An haifi Alan Root a birnin Landan a ranar 12 ga Mayu, 1937. Yana ƙaramin yaro mahaifinsa ya sami aiki a wata masana'antar sarrafa nama a Kenya, lokacin ƙasar na hannun Turawan Ingila, sai iyalin suka tattara suka koma can. Tun daga nan yaro ya zama na daji. Aikinsa ke nan kamun macizai da leƙen sheƙar tsuntsaye. Boko bai shige shi ba, yana da shekara 16 ya yi sallama da makaranta.

Da ya sami ƙaramar kyamara, ɗaya daga cikin ayyukansa na farko shi ne fim a kan tsuntsun nan taka-a-bado, mai dogayen yatsu da ke tafiya a kan ganyen bado kamar a kan tabarma. A tafkin Naivasha ya ɗauke shi. Mai karatu ya riƙe sunan wannan tafki, don za a dawo kansa. Aikin ya ja hankalin Armand da Michaela Denis, wasu ma'aurata da ke da shirin namun daji a talbijin ɗin BBC a wancan zamani, suka ɗauke shi mai ɗaukar hoto.

Yana da kyau a san yadda finafinan daji suke a lokacin. Tauraron fim ɗin shi ne Baturen da ke gabatarwa. Za a nuno shi da hular hana-sallah a cikin mota, ya nuna zaki da yatsa, a hasko zakin, ya yi ɗan barkwanci, a wuce zuwa giwa. Dabbobin tamkar 'yan rakiya ne, babu labarin da ya haɗa wannan da wancan. A wannan makaranta Alan ya koyi riƙon kyamara, kuma ita ce daga baya ya yi wa tawaye.

Jirgin da ya yi karo da ungulu

A ƙarshen shekarun 1950 wani Bajamushe shugaban gidan zoo na birnin Frankfurt, Bernhard Grzimek, ya zo dajin Serengeti da ke Tanganyika, wato Tanzaniya ta yau, tare da ɗansa Michael. Sun zo da ɗan ƙaramin jirgin sama da aka yi wa fenti irin zanen jakin dawa. Manufarsu ita ce su ƙirga dabbobin dajin daga sama, su gano hanyoyin da suke bi idan suna ƙaura, domin gwamnatin mulkin mallaka na shirin sauya iyakokin gandun. Suna kuma shirya fim a kan lamarin, kuma Alan na cikin masu ɗaukar hotonsa.

Ranar 10 ga Janairu, 1959, Michael yana tuƙa jirgin shi kaɗai sai ya yi karo da wata babbar ungulu a sama. Jirgin ya faɗo, Michael ya mutu nan take yana da shekara 24. An binne shi a bakin ƙaton kwarin nan na Ngorongoro. Nauyin ƙarasa ɗaukar sauran fim ɗin ya faɗo kan Alan, saurayi ɗan shekara 21. Fim ɗin, mai suna "Serengeti Shall Not Die", wato Serengeti ba zai mutu ba, ya fito a 1959, kuma a 1960 ya ci kyautar Oscar ta finafinan gaskiya.

Darasin da Alan ya ɗauka a nan bai taɓa barinsa ba: fim na iya sa mutumin da bai taɓa taka Afirka ba ya damu da makomar wani daji, har ya sa hannu a aljihu saboda shi.

Shigowar Joan

Joan Thorpe 'yar Nairobi ce, an haife ta a watan Janairu na 1936. Mahaifinta manomin kofi ne wanda kuma yake kai baƙi yawon ɗaukar hoton namun daji, ita kuma take taya shi. Tun tana budurwa ta iya tuƙa babbar mota a cikin laka, ta iya shirya sansani, ta iya rainon 'ya'yan dabbobin da suka rasa uwa. Mace ce mai kunya da ƙarancin magana. Shi kuwa Alan ga surutu, ga barkwanci, ga son a kalle shi. Sun yi aure a 1961.

Da a masana'antar fim ta yau ne, da an ce Alan ne darakta kuma mai ɗaukar hoto, Joan kuma furodusa. Amma kalmar furodusa ta yi mata kaɗan. Ita ce mai lissafin kuɗi, mai neman takardun izini a kan iyakokin ƙasashe, mai tanadin abinci da man mota na watanni, mai rubuta duk abin da aka gani a kowace rana. Ta koyi tuƙin jirgin sama. Idan ana bukatar wanda zai hau bishiya ya zauna gadin wata sheƙa, ita ce. Shi kansa Alan bai ɓoye ba cewa ba don ita ba da finafinan ba su yiwu ba.

Shekara ɗaya da aurensu, a 1962, wani abu ya faru da ya nuna irin mutanen da suke. Akwai wani tsuntsu mai dogayen ƙafafu da dogon wuya, launinsa ja-ja mai haske, ana kiransa filamingo. A wannan shekara dubban ɗaruruwansu suka yi ƙwai a tafkin Magadi da ke kudancin Kenya. Shi Magadi tafkin kanwa ne. Da 'yan tsakin suka ƙyanƙyashe suna yawo a cikin ruwa marar zurfi, sai kanwar ta riƙa daskarewa a ƙafafunsu tana zama kamar mari, har ta kai ba sa iya ɗaga ƙafa, su faɗi su mutu. Alan da Joan sun je ɗaukar hoto ne, amma suka ɓuge da gayyato jama'a aikin ceto. Haka aka yi ta kama 'yan tsakin ɗaya bayan ɗaya a cikin zafin rana ana fasa kanwar da guduma. An ceci dubbai.

A 1963 kuma, suna ɗaukar goggon biri a duwatsun Virunga ta ɓangaren Kwango, wata Ba'amurkiya 'yar yawon buɗe ido ta iso sansaninsu da ɗingishi, ta nace sai sun kai ta ta ga birran. Suka kai ta. Wannan mata ita ce Dian Fossey, wadda daga baya ta sadaukar da rayuwarta ga kare goggon biri har aka kashe ta a Ruwanda a 1985.

Kuka, nyumbu da gara

Yawancin finafinan da suka fito da sunansu an nuna su ne a shirin "Survival" na gidan talbijin ɗin Anglia da ke Ingila, shirin da ake sayar wa ƙasashe sama da ɗari. Sun je har tsibiran Galapagos sun yi fim a shekarun 1960. Amma a gida Afirka ta Gabas ne suka yi ayyukan da har yau ake koyar da ɗalibai da su.

Salon Alan shi ne ya kori mai gabatarwa daga gaban kyamara, ya zaɓi wuri guda ko halitta guda, ya gina labari a kanta mai farko da tsakiya da ƙarshe. Ɗauki misalin "Baobab: Portrait of a Tree" na farkon shekarun 1970. Jarumin wannan fim bishiyar kuka ce. I, kuka dai da aka sani, ta miya. Ko motsi ba ta yi, amma sai da aka yi fim na kusan awa guda a kanta ba tare da ɗan kallo ya yi hamma ba. An nuna masu shan furenta da dare, da masu kwana a kogonta, da masu farautar masu kwanan, da giwar da ke ɓare jikinta da haure lokacin fari don neman danshi.

Fitowar da ta fi tsaya wa mutane a rai ita ce ta cilakowa. Al'adar wannan tsuntsuwa ita ce idan za ta yi ƙwai sai ta shige kogon bishiya, a liƙe ƙofar da laka da kashi, a bar 'yar tsaga wadda baki kawai ke iya wucewa. A ciki za ta zubar da gashinta, ta yi kwanci, mijin yana ta jigilar kawo mata abinci ta tsagar har 'ya'yan su yi wayo. Kowa ya san haka ake yi, amma wa ya taɓa gani? Sai Alan ya yanke bayan kogon ya sa gilashi, ya bi a hankali har tsuntsuwar ta saba da haske, ya ɗauki duk abin da ke gudana a cikin ɗakin. Ka ji aikin mai haƙuri, wanda aka ce yakan dafa dutse.

Daga nan sai "The Year of the Wildebeest" a tsakiyar shekarun 1970. Dabbar da Turawa ke kira wildebeest, Swahilawa kuma nyumbu, 'yar'uwar kanki ce, mai gemu da ƙaho irin na ɓauna. Sama da miliyan guda ne ke zagaye tsakanin Serengeti da Masai Mara a kowace shekara suna bin ruwan sama da sabuwar ciyawa. Ma'auratan sun bi garken tun daga haihuwa, lokacin da ɗan maraƙi ke miƙewa ya bi uwarsa cikin 'yan mintoci da faɗowarsa, har zuwa tsallaken koguna inda ruwa ke cin na ci. Don ɗan kallo ya ji yadda gudun garken yake, Alan ya ɓoye kyamara a cikin ƙoƙon bayan kunkuru ya ajiye a kan hanyarsu, kofatai suka yi ta wucewa ta kanta. Don a gan su daga sama kuma ba tare da ƙarar jirgi ta firgita su ba, sai ya koyi tuƙa ƙaton balan-balan ɗin nan mai tashi da iska mai zafi, wanda ake rataya masa kwando mutane su shiga.

Da yake Alan ba ya taɓa abu ya bar shi rabi, a 1974 shi da Joan suka tsallake ƙololuwar dutsen Kilimanjaro, mai tsawon mita 5,895, a cikin wannan kwando. Su ne na farko da suka yi haka da irin wannan balan-balan. Tafiyar ta fito a fim ɗinsu "Balloon Safari".

Amma gagarabadan shi ne "Mysterious Castles of Clay" na 1978. Fim ne a kan suri da garar da ke cikinsa. Duk wanda ya tashi a karkara ya wuce suri sau dubu bai waiwaya ba. Alan da Joan suka buɗe shi suka nuna wa duniya cewa gari ne sukutum. Ga sarauniya a ɗakinta can ƙasa, ta kumbura har ba ta iya motsi, aikinta kawai zuba ƙwai, dubbai a kowace rana, ma'aikata na kwashewa. Ga gonakin da garar ke noma wani irin naman kaza a cikin duhu, wanda ke narkar mata da itacen da ta tattaro. Ga hanyoyin iska da ke daidaita zafi da sanyin gidan. Ga sojoji masu manyan kai a bakin ƙofa. Sannan ga baƙi da 'yan haya: dabgi da ke fasa ginin da dare, da tunku da guza da maciji da ke samun mafaka a ramukan. Har da yaƙi a ciki, ranar da rundunar kwarkwasa ta kawo hari.

Akwai fitowa guda da ba ta da ranar da za a ce ga ta, wato daren da shinge ke fitowa daga suri su tashi bayan saukar ruwa. Abu ne na ɗan lokaci kaɗan, in ya wuce sai baɗi. Makonni aka yi ana gadin surin kafin a dace. Fim ɗin ya shiga jerin waɗanda aka zaɓa don takarar Oscar, kuma fitaccen ɗan fim ɗin Amurka Orson Welles ne ya karanta sharhin kwafin da aka nuna a can.

Mai karatu ya tuna cewa duk wannan an yi shi ne kafin zuwan kyamarar bidiyo ta zamani. Da fim na naɗi mai faɗin milimita 16 ake aiki. Naɗi mai tsawon ƙafa 100 bai kai minti uku ba yake ƙarewa, mai ƙafa 400 kuma kamar minti 11. Babu damar mayarwa baya a duba abin da aka ɗauka. Sai an aika da naɗin an wanke a wani gari mai nisa, a jira, sannan a san ko an dace ko an yi asarar wata guda.

Jiki magayi

Sana'ar ta bar wa Alan tabo iri-iri. Kasa ta sare shi a hannu, ya kusa sheƙawa, a ƙarshe ya rasa yatsa guda. Damisa ta cije shi a mazaunai. A maɓuɓɓugar Mzima da ke gandun Tsavo, inda ruwa ke da haske kamar gilashi, suna nutso suna ɗaukar dorinai sai wani namiji ya fusata ya yi kansu. Haƙorinsa ya fasa gilashin da ke fuskar Joan, saura ƙiris ya sami idonta, sannan ya kama ƙafar Alan ya huda sha-raɓarsa. Shekaru bayan haka, yana ɗaukar wasu fitowa na fim ɗin "Gorillas in the Mist" na 1988, wanda aka yi a kan rayuwar Dian Fossey, wani ƙaton goggon biri ya fito daga cikin ganye ya yage masa cinya a dajin Zayar.

Ita ma Joan ba baya ba. A fim ɗin "Two in the Bush", wanda suka yi don nuna yadda suke aiki, an ga ta tsaya a gaban kumurci sanye da tabarau, ta matsa har ya fasa kai ya feso mata dafi a fuska, Alan na ɗauka da kyamara mai rage gudun hoto. Tabarau ɗin ne kawai tsakaninta da makanta. Ta goge fuska, aka sake ɗauka.

Wannan fim ya kuma fito da wani abu da ake ta muhawara a kansa har gobe. Ba duk abin da ake gani a fim ɗin daji ba ne aka tsinta haka nan. Wasu fitowar akan gina masu wuri na musamman, wasu dabbobin kuma na gida ne da aka raina. Gidan su Joan cike yake da irin waɗannan marayu, har da dabgi da 'yar dorina. Masu suka na cewa wannan dabara ce da ke kusa da yaudara. Masu kare su na cewa muddin halin da aka nuna shi ne ainihin halin dabbar a daji, to ba a yi wa kowa ƙarya ba. Abin da ba a musu a kai shi ne su dai ba su ɓoye yadda suke yi ba.

Wanda aka bari a bayan kyamara

Akwai wata suka da ta fi wannan nauyi, kuma ta shafi kusan duk finafinan daji na wancan zamani. Idan mutum ya kalle su sai ya ɗauka babu ɗan'adam a dazukan Afirka, daga zaki sai barewa. Alhali kuwa a shekarar da fim ɗin Serengeti ya fito, 1959, a shekarar ce aka fitar da makiyayan Masai daga cikin gandun aka mayar da su yankin Ngorongoro. Finafinan sun koya wa duniya cewa kuka da cilakowa da giwa duk a ɗaure suke da igiya guda, in ka taɓa ɗaya ka taɓa saura. Amma makiyayi da manomi da masunci, waɗanda su ma suna cikin wannan igiya, ba kasafai kyamara ke juyowa kansu ba.

Joan ce ta zo ta yi karo da wannan gaskiya, ba a fim ba, a ƙofar gidanta.

A shekarun 1980 zaman nasu ya lalace. Alan ya kamu da son wata mata, aure ya mutu, aikin tare ya tsaya. Ba su sami haihuwa ba. Shi ya ci gaba da fim, ya shafe shekaru a dazukan Zayar yana neman dabbobin da ba a taɓa ɗauka ba, ya kuma koma renon matasa. Mark Deeble da Victoria Stone, waɗanda suka ɗauki "Here Be Dragons" na 1990 a kan manyan kadojin kogin Grumeti, a ƙarƙashinsa suka yi aikin. Ita kuwa Joan ta koma gidan da suka saya tun farkon aurensu a bakin tafkin Naivasha, fili mai faɗin eka 88, ta zauna ita da dabbobinta.

Sai dai tafkin da ta sani ba shi ta tarar ba. Naivasha tafki ne mai ruwan daɗi, tafiyar kamar kilomita 90 daga Nairobi. Daga shekarun 1980 kamfanonin noman furanni suka yi masa zobe da rumfunan leda, suna jan ruwansa suna noma fure ana lodawa a jirgi zuwa kasuwannin Turai. Labarin aiki ya bazu, jama'a suka yi ta kwararowa daga ko'ina a Kenya, dubbai bisa dubbai. Wanda ya sami aiki ya samu. Wanda bai samu ba, ga iyali ga yunwa, sai ya faɗa tafki da raga mai ƙananan ido wadda ba ta barin ko 'ya'yan kifi, ko ya ɗana wa namun daji tarkon waya. Kifi ya yi ƙasa sosai, har a 2001 hukuma ta dakatar da su a tafkin na wani lokaci.

Joan ba ta tsaya kallo ba. Ta sa kuɗinta ta ɗauki nauyin wata rundunar sintiri da ke kama masu satar kifi tana ƙwace ragarsu, kuma da yawa daga cikin 'yan rundunar tsofaffin masu satar kifin ne. Da farko abin ya yi aiki, kifi ya fara dawowa. Daga baya ƙorafi ya yi yawa cewa 'yan sintirin na dukan mutane suna wuce gona da iri, har aka kai ga rusa rundunar. Joan ta tsinci kanta a tsakiya. Ga waɗanda aka hana abin da suke ci da shi, ga waɗanda albashinsu ya tsaya. A idon wasu ita mai ceton tafki ce. A idon wasu kuma Baturiya ce mai eka 88 da ta fi damuwa da kifi a kan mutane. Aka fara yi mata barazana, aka yi mata fashi. 'Yan'uwa da abokai suka ba ta shawarar ta tashi, ta ƙi. Sai dai ta sa ƙofofin ƙarfe a ɗakin kwananta.

A daren 13 ga Janairu, 2006, saura kwana biyar ta cika shekara 70, wasu mutane suka shigo gidan da bindiga ƙirar AK-47. Suka zagaya ta tagar ɗakin kwana suka buɗe mata wuta. A nan ta cika. An kama mutum huɗu an gurfanar da su, amma kotu ta sallame su a 2007 saboda rashin gamsasshiyar hujja. Har yau ba a hukunta kowa a kan kisan ba. Wani marubuci Ba'amurke, Mark Seal, ya rubuta littafi a kan rayuwarta mai suna "Wildflower", wanda ya fito a 2009.

Ƙarshen tafiya

Alan ya rayu shekara goma sha ɗaya bayan Joan. Ya sake aure, ya sami 'ya'ya maza biyu da girma ya kama shi, ya koma zama a yankin dutsen Kenya. A 2012 ya fitar da tarihin rayuwarsa, "Ivory, Apes and Peacocks". Ya rasu ranar 26 ga Agusta, 2017, yana da shekara 80, bayan fama da ciwon daji a ƙwaƙwalwa. Mutumin da kasa da dorina da goggon biri suka gwada suka bari, a kan gadonsa ya cika. David Attenborough, wanda ake ɗauka uba a wannan fanni, yana cikin waɗanda suka shaida cewa Alan ne ya fitar da fim ɗin namun daji daga ƙuruciya.

Duk mai kallon tashoshin namun daji a yau yana ganin hannunsa ko bai san sunansa ba. Kyamarar da ake ɓoyewa a cikin dutsen roba ko gunkin dabba jikar ƙoƙon kunkurun nan ce. Hoton garke daga sama da ake ɗauka da ɗan jirgi marar matuƙi, shi da kwando da wuta ya fara neman sa. Wani abin da ya ƙaru a finafinan yanzu shi ne an fara juyo da kyamara kan mutanen da ke zaune da dabbobin, ana jin ta bakin mai gadin daji da manomin da giwa ta cinye wa gona, kuma 'yan Afirka da kansu sun fara riƙe kyamarar.

Ga mai sha'awar sana'ar fim, ko da ba ruwansa da namun daji, "Mysterious Castles of Clay" da "Baobab" sun cancanci nema. Babu waƙa a cikinsu, babu rawa, babu jarumin da ke magana. Bishiya ce guda da tulin ƙasa guda, irin waɗanda ke bayan kowane gari, sai mutum biyu da suka yarda su zauna a gabansu wata da watanni har labarin ya fito.